WAƘAR KAƊAITA A ƘASAR KABI: TARIHIN MAWAƘIN DA BA SHI DA 'YAN AMSHI

Gabatarwa

Duk sa'ad da aka yi zaman wannan ƙungiya tamu aka ɗauko zancen waƙar baka, sunaye huɗu ko biyar ake ta juyawa: Narambaɗa da Ɗanƙwairo da Jankiɗi da Sa'idu Faru, sa'an nan a rufe da Shata. Ba ni da ja a kan ko ɗaya daga cikinsu, kowannensu ya ci sunansa. Amma idan mai karatu ya lura zai ga abu guda ya haɗa su, watau kowannensu jagoran ƙungiya ne, ga makaɗa a bayansa, ga 'yan amshi masu karɓa masa. Ni kuwa a wannan ɗan rubutu ina so in waiwayi wani mawaƙi dabam, wanda ba mu cika ambatarsa a ajin adabi ba. Shi ne mutumin nan da yake zama shi kaɗai, daga shi sai abin kiɗansa mai tsirkiya, shi ke kiɗa, shi ke waƙa, shi ke yi wa kansa amshi.

Abin da ya jawo ni ga wannan batu tun ina yaro ya faro, a garinmu Augie da ke bakin Gulbin Kabi, arewa da Argungu. Akwai wani tsoho mai molo da yakan zo garin bayan an kawar da amfanin gona. Ba ya zuwa ƙofar hakimi, ba ya bin gidajen biki. Wurin masunta yake sauka, inda suke zama da yamma suna gyaran homa. Idan ya ɗaure molonsa ya fara, sai ya ɗauko labarin wani barde na zamanin yaƙin Kabi da Gwandu, ko na wani masunci da dorina, ya yi ta jan sa har bayan isha'i. Wani wuri magana yake yi molo na bin sa a hankali, wani wuri kuma sai ya ɗaga murya ya rera. Mu yara mukan raɓe a gefe mu yi tsit.

Ran nan mahaifina, Allah ya jiƙansa, ya hange ni a wurin. Shi malamin zaure ne. Da na dawo gida ya kira ni ya ce, "Kai, ɗan malam da zaman gindin mai molo? Kada in koma ganin ka can." Ban ce uffan ba. Amma abin da ya ɗaure mini kai shi ne, wannan mahaifi nawa idan aka sako Narambaɗa a rediyo shi da kansa yake ƙara murya, har ya riƙa fassara mana kalmomin da ba mu gane ba. To, me ya sa kotso da 'yan amshi suka zama abin mutunci, molo da murya ɗaya suka zama abin kunya? Amsar wannan tambaya tana cikin tarihi, ita kuma nake son in bi.

Mece Ce Waƙar Kaɗaita?

Manazarta waƙar baka, irin su Farfesa Sa'idu Muhammad Gusau, sukan dubi yadda ake aiwatar da waƙa su kasa ta gida biyu, ta ƙungiya da ta kaɗaita. A waƙar ƙungiya akwai jagora, akwai makaɗa, akwai 'yan amshi, sau da yawa har da sanƙira mai ƙara wa magana gishiri. A waƙar kaɗaita kuwa mutum ɗaya ne ke ɗauke da dukan wannan kaya.

Kayan kiɗan masu kaɗaita yawancinsu masu tsirkiya ne, domin mai busa ba ya iya waƙa, kuma ganga ɗaya ba ta cika riƙe doguwar waƙa ita kaɗai ba. Akwai molo mai tsirkiya uku, wanda ake sassaƙa shi da itace a rufe da fata. Akwai garaya mai tsirkiya biyu, wadda aka fi sani wurin maharba da 'yan bori. Akwai gurmi da ake yi da ƙoƙo, wanda a wurare da yawa 'yan kokawa ake yi wa shi. Sa'an nan ga ƙaraminsu kuntigi, mai tsirkiya ɗaya tak, wanda gwangwanin kifi ne aka rufe da fatar akuya.

Rashin 'yan amshi ba ƙaramin abu ba ne ga ginin waƙa. Duk wanda ya saurari makaɗan fada ya san amfanin amshi ga jagora: sa'ad da yaransa ke maimaita gindin waƙa, shi yana numfasawa, yana kuma ƙulla ɗan da zai kawo gaba. Mai kaɗaita ba shi da wannan hutu. Saboda haka sai ya mai da tsirkiya ɗan amshinsa, idan ya tsaya ita ta ci gaba da magana. Kuma tun da ba shi da taron muryoyi da zai cika wa mutane kunne, tilas ya riƙe su da wani abu, abin nan kuwa shi ne labari. Wannan ya sa waƙar kaɗaita ta fi karkata ga ba da labari da kwaikwayon muryoyin mutane, tana tafe tana sauyawa tsakanin zance da rerawa.

Daɗin daɗawa, akwai maganar ciki. Ƙungiyar mutum goma ba ta rayuwa sai da ubangida mai iya ciyar da bakin goma, mai ba da doki da riga da damman hatsi, watau basarake ko babban attajiri. Mai molo kuwa cikinsa ɗaya, jakarsa ɗaya. Kwabon masunci da ƙwaryar furar mahauci sun ishe shi kwana. Ta haka ƙungiya ta zama ta fada, kaɗaita ta zama ta bakin gulbi da dandali da sansanin maharba da tashar mota. Tun daga nan darajarsu ta fara bambanta, domin a ƙasar Hausa maroƙi darajar ubangidansa yake ci.

Kafin Jihadi Da Bayansa

Daular Kabi tsohuwa ce. Muhammadu Kanta ya kafa ta a farkon ƙarni na 16, kuma kufan birninsa Surame ba su da nisa da mu. Marubutan tarihi sun kiyaye mana sunayen sarakuna da yaƙe-yaƙensu, amma ba su damu da masu molo ba. Abin mamaki shi ne, inda za ka fi samun ambaton irin waɗannan kayan kiɗa a rubuce shi ne cikin littattafan waɗanda suka yi hani da su, watau malaman jihadi.

A cikin Kitabul Farƙi, Shehu Usmanu ɗan Fodiyo ya lissafa al'adun sarakunan Hausa da yake ganin sun saɓa wa shari'a, a ciki har da shagala da kaɗe-kaɗe dare da rana ba tare da wata manufa ba. Amma ya ware kiɗan da ake yi don wata bukata ta shari'a, kamar tara runduna ko sanar da tashinta da saukarta. A wasu littattafansa na baya, kamar Najmul Ikhwani, ya nuna akwai saɓanin malamai a kan wasu kayan kiɗan. Ƙanensa Malam Abdullahi ya fi shi tsanani a wannan fage. Shi ne ya ba da labari cikin Tazyinul Waraƙati cewa sa'ad da ya sauka Kano ya sa an mai da gangunan wasa komayen da dawaki ke cin abinci a ciki. Kada mu manta kuwa, Malam Abdullahi shi ne ya riƙi Gwandu, ƙasar Kabi kuma cikin rabonsa ta faɗa.

A nan ne, a ganina, hanyar ganga da ta tsirkiya suka rabu. Ganga an bar mata ƙofa, domin tana da aikin yi a yaƙi da sarauta. Ta wannan ƙofa tambari da kotso da taushi suka koma fada sannu a hankali, har aka wayi gari a ƙarni na 20 Salihu Jankiɗi yana Sarkin Taushin Sarkin Musulmi Abubakar na Uku, Ibrahim Narambaɗa yana fadar Sarkin Gobir na Isa Amadu. Ita kuwa tsirkiya ba ta tara runduna, ba ta sanar da fitowar sarki. Ga ta kuma da tabon bori, domin da garaya da goge ake kiran iskoki. Saboda haka waƙoƙin wa'azi suka riƙa jera molo da goge tare da caca da giya, yaro ya haddace tun yana makarantar allo, ya girma da ƙyamarsu.

Wani zai ce, ai Kabi ba ta miƙa wuya ba, don me wannan hukunci zai yi aiki a cikinta? Gaskiya ne ba ta miƙa ba. An ci Birnin Kabi cikin 1805, shekara ɗaya da fara jihadi, amma Kabawa suka ja daga a Argungu da garuruwan da ke kewaye da ita, Augie na cikinsu. An kashe Sarkin Kabi Karari cikin 1831. Ɗansa Yakubu Nabame, wanda ya yi zaman shekaru a hannun Sakkwato, ya sake ta da tuta cikin 1849. Haka aka yi ta fafatawa, in ban da 'yan shekarun sulhun da ake kira Lafiyar Toga, har zamanin Sarkin Kabi Sama'ila, wanda ya yi sarauta daga 1883 zuwa 1915, kuma a zamaninsa Turawa suka iso. Cikakken sulhu bai tabbata ba sai 1934, da Sarkin Musulmi Hassan ɗan Mu'azu ya ziyarci Argungu aka yi masa bikin kamun kifi. To, amma gabar Kabi da Gwandu ta sarauta ce. Kabawa Musulmi ne tun kafin jihadi, malamanmu kuma littattafan fiƙihun da ake karantawa a Gwandu su suke karantawa. Don haka a Argungu ma makaɗan da suka sami gindin zama a fada na ƙungiya ne, irin su Aliyu Ɗandawo da Buda Ɗantanoma, mai molo kuwa yana can bakin gulbi.

Sai ka dubi yamma da mu ka ga abin ya sha bamban. Zabarmawa, waɗanda suka yi ƙawance da Kabi a yaƙe-yaƙen ƙarni na 19, molo a wurinsu kayan girma ne. Shi ne abin kiɗan jasare, watau maroƙan da ke riƙe da salsalar gidajen sarauta da labarun mayaƙa irin su Isa Korombe. Mashahuransu, kamar Jado Seku da Jeliba Baje, sun cika gidan rediyon Nijar da dogayen labarai, mutum ɗaya da molonsa yana zance yana kaɗawa. Mu a Augie ba mu da nisa da iyakar Nijar, kuma da na saurari waɗannan jasare bayan na girma sai na ji ƙamshin salon tsohon nan namu. Ashe molo ɗaya ne, a can yana zaure, a nan yana bayan gari. Wannan ya nuna ƙasƙancin ba daga itacen da fatar yake ba, tarihi ne ya ɗora masa shi.

Yadda Ta Kasance A Ingila

Domin mu ƙara fahimtar namu, bari mu leƙa gidan wasu. Wata rana a laburaren jami'a ina duba wani littafin tarihin kiɗan Turawa sai na ci karo da wata irin waƙa da suke kira kantata. Kalmar daga harshen Italiya take, ma'anarta abin da aka rera. Akwai ta coci, akwai ta duniya, ta duniyar ce ta ja hankalina, domin siffarta kamar an kwatanta mini tsohon Augie. Murya ɗaya ce, babu 'yan amshi. Gajeren labari ne, galibi na soyayya ko na makiyaya ko na tatsuniyoyin Girkawa. Kuma tafiyarta kashi biyu ce ana sauyawa: zance mai ɗan rauji wanda ke tura labari gaba, sa'an nan rerawa sosai inda mawaƙi zai tsaya ya bayyana abin da ke zuciyar mai labarin. Inda muka bambanta shi ne, su mawaƙin ba shi ke kaɗa wa kansa ba, akan sami mutum ɗaya ko biyu suna raka shi da babban goge da wani abin kiɗa mai kama da fiyano. Kuma mai tsara baitoci dabam, mai tsara kiɗa dabam, mai rerawa dabam.

A Italiya aka haife ta cikin ƙarni na 17, a ɗakunan sarakuna da manyan limaman coci. Alessandro Scarlatti shi kaɗai ya tsara fiye da 600. Handel ma, kafin ya zo Landan cikin 1710, ya yi zama a birnin Rum yana tsara wa masu sarauta irinta. Ke nan ita daga fada ta faro, saɓanin tamu.

Ingila kuwa ta ga nata zamanin tsanani. Cikin 1642 masu tsattsauran ra'ayin addini da suka rinjayi majalisa suka rufe gidajen wasan kwaikwayo, cikin 1644 aka ba da umurnin fitar da manyan kayan kiɗa daga coci-coci. Kiɗa bai mutu ba, cikin gidaje ya koma. Da sarauta ta dawo cikin 1660 sai ya fito da sabuwar fuska. Cikin 1672 wani mai goge, John Banister, ya fara shirya taron kiɗa a Landan inda kowa ke biyan sule ɗaya ya shiga. Wannan sulen shi ne mafarin 'yancin makaɗin Ingila daga ubangida guda. Henry Purcell, wanda ya rasu cikin 1695, ya tsara dogayen waƙoƙin murya ɗaya masu sauya tafiya, waɗanda suka share wa kantata hanya.

Cikin 1710 wani Bajamushe mazaunin Landan, Johann Christoph Pepusch, ya buga kantata shida cikin harshen Ingilishi, da baitocin wani marubuci John Hughes. Ɗaya daga cikinsu, mai suna Alexis, an daɗe ana rera ta. Akwai abin da zai ba 'yan wannan ƙungiya sha'awa a nan: a lokacin manyan Landan waƙar Italiya suke yayi, har wasu na ganin Ingilishi ba zai iya ɗaukar irin wannan salo ba, sai da Hughes ya rubuta gabatarwa yana kare harshensa. Ashe harshen da ake yi mana gadara da shi yau, shi ma an taɓa raina shi a gidansu.

Daga nan abin ya bunƙasa. John Stanley, wanda ya makance tun yana ɗan shekara biyu, ya buga nasa cikin 1742 da 1748. Thomas Arne ya buga shida cikin 1755. Amma babban abin da ya sauya kantata shi ne lambunan shaƙatawa na Landan. Lambun Vauxhall, wanda Jonathan Tyers ya gyara ya buɗe cikin 1732, sule ɗaya ake biya a shiga, na Ranelagh kuwa sule biyu da sisi. Daga 1745 aka fara waƙa a Vauxhall, Arne na cikin masu tsarawa. A nan mai sauraro ba basarake ba ne a zaune cikin ɗaki, ɗan kasuwa ne da iyalinsa suna yawo suna cin abinci. Tilas waƙa ta sauko ta same su: ta yi sauƙi, ta ɗauki raha, ta shiga zancen mashaya da 'yan ƙauye. Masu ɗab'i kuma suka riƙa buga ta ana saye ana rerawa a gida.

Zuwa ƙarshen ƙarni na 18 yayinta ya wuce. Gajerun waƙoƙin da ake rakawa da fiyano suka ture ta, har sunan kantata ma a ƙarni na 19 ya fi komawa kan manyan waƙoƙin ƙungiya masu ɗaruruwan muryoyi. Aka rufe Vauxhall cikin 1859. Amma ga inda gizo ke saƙar: waƙar ta bar bakin mutane, ba ta bar takarda ba. Turawa suna da hanyar rubuta sautin kiɗa kamar yadda ake rubuta magana, saboda haka littattafan suka kwanta a laburare suna jira. A ƙarni na 20 aka kakkaɓe su aka sake rerawa, har Benjamin Britten ya tsara sabuwa mai suna Phaedra cikin 1975 a kan tsohon salon, mawaƙiya Janet Baker ta rera ta cikin 1976. Yau ina Nijeriya ina iya jin abin da makahon nan Stanley ya tsara kusan shekara 280 da suka wuce.

Zamanin Rediyo Da Faifai

Mu dawo gida. Abin da lambun Vauxhall da injin ɗab'i suka yi wa kantata, shi rediyo da faifai da kaset suka yi wa waƙar kaɗaita, amma ta fuskar da ta saɓa. Ita kantata sauko da ita aka yi daga fada zuwa ga talakawa. Tamu kuwa ɗaga ta aka yi daga tasha zuwa kunnen sarakuna. Da aka buɗe gidan rediyon Kaduna cikin 1962, sai ƙaramar muryar tsirkiya, wadda a da ba ta wuce da'irar mutum ashirin, ta isa ko'ina a Arewa.

Babu wanda ya ci moriyar wannan kamar Adamu Ɗanmaraya Jos. An haife shi a Bukuru cikin 1946, ya tashi maraya, ya ɗauki kuntigi, mafi ƙanƙantar kayan kiɗa, ya yi wa karen mota waƙa a lokacin da manyan makaɗa ke yi wa sarakuna da ministoci. Wanda ya saurari Mai Akwai Da Babu ko Jawabin Aure ko Gulma Wuya zai ga dukan siffofin da na ambata a baya: ga labari, ga sauya murya daga wannan mutum zuwa wancan, ga tsirkiya tana cike gurbin 'yan amshi. Kafin ya rasu ran 20 ga Yuni, 2015, ya zagaya ƙasashen duniya, Jami'ar Jos kuma ta ba shi digirin girmamawa. Haka Haruna Uji na Haɗeja ya fito da gurmi daga fagen kokawa ya shigar da shi zancen soyayya.

Sai dai rediyo a birni yake, wanda ya je birni shi ya samu. Mai molon bakin Gulbin Kabi bai san hanyar Kaduna ba, Kaduna ma ba ta san da shi ba. Da zamani ya sake juyawa, kiɗan kwamfuta na situdiyo ya mamaye kasuwa tare da finafinan Hausa, sai ya zama ko yaran gidansa ba su ga dalilin koyon sana'ar ba.

Abin Da Ya Rage Mana

Na sake haɗuwa da tsohon nan bayan na gama sakandare. Ya tsufa ƙwarai, hannunsa na rawa, amma molon na nan. Na durƙusa na gaishe shi na ce, "Baba, ina son in ɗauki waƙarka cikin wayata." Ya dube ni ya yi dariya ya ce, "Ɗan malam, mi za ka yi da muryar tsoho? Wanga molo ba shi da magaji, ɗiyana duk sun tai birni." Duk da haka ya yi mini labarin barden nan tun daga farko har ƙarshe, kusan awa guda. Na yi sakaci ban juye shi ko'ina ba, ban kuma rubuta kalmomin ba. A ambaliyar 2020, wadda ta cinye gonakin shinkafa a ƙasar Kabi, wayar ta faɗa ruwa muna ƙoƙarin fid da kaya. Kafin in koma wurinsa Allah ya yi masa rasuwa. Laifin nan ba na kowa ba ne, nawa ne, kuma shi ya sa na ɗauki alƙalami.

Lokaci ba ya jiranmu. Masu wannan sana'a tsofaffi ne, kuma zaman hirar dare da ke raya ta yana ja da baya saboda rashin tsaro. A watan Nuwamba na 2024 'yan bindigar da ake kira Lakurawa suka kai hari garin Mera, cikin ƙaramar hukumarmu ta Augie, aka yi asarar rayuka. Inda mutane ke kwana da ido ɗaya, wa zai zauna sauraron molo har bayan isha'i?

Saboda haka ina kira ga 'yan'uwana ɗalibai na wannan ƙungiya. Idan an yi hutu, kowa ya koma garinsu ya nemi mai molo ko mai gurmi ko mai garaya guda ɗaya. Ya nemi izninsa, ya ba shi goronsa, ya ɗauki waƙarsa. Ya tambaye shi wurin wa ya koya, wa yake yi wa waƙa, da me ake haɗa abin kiɗan. Ya rubuta kalmomin yadda ya faɗe su, da Kabancinsu ko Arancinsu ko Gobirancinsu, kada ya gyara su zuwa Hausar littafi. Sa'an nan a ajiye kwafi a Sashen Hausa, namu na ƙasar Kabi kuma a kai wani Gidan Tarihi na Kanta a Argungu. Hukumar UNESCO ta sa bikin kamun kifin Argungu cikin jerin al'adun duniya tun 2016. Bai kamata duniya ta san homar masunci ba, a rasa wanda ya san waƙar da ake yi masa yana gyaranta.

Kammalawa

Na fara da tambayar da mahaifina ya bar ni da ita, kuma ina ganin na sami bakin zarenta. Bai ƙi mai molo don waƙarsa ba ta da hikima ba. Ya gaji wani hukunci ne da ya yi shekara 200 yana tafiya, wanda ya bar wa ganga ƙofa ya rufe wa tsirkiya, talauci da tabon bori kuma suka ƙara masa nauyi. Ban rubuta wannan don in yi jayayya da malamai ba. Maganar halacci da haramci tasu ce, su suka san fagenta. Aikin ɗalibin adabi shi ne ya adana abin da mutanensa suka faɗa, domin na baya su san yadda aka zauna. Su kansu malaman jihadi da ba su rubuta ba, da ba mu san abin da suka tarar ba.

Turawan Ingila sun daina rera kantata fiye da shekara ɗari, amma da suka waiwaya sun same ta inda suka ajiye. Mu idan jikokinmu suka waiwaya, me za su tarar? Hausawa sun ce da tsohuwar zuma ake magani, amma sai an sami wanda ya zuba ta a tulu. Allah ya jiƙan magabatanmu, ya ba mu ikon riƙe abin da suka bari.